Ƙasashen Tsibiran Pasifik: Ƙanana a Tudu, Manya a Ruwa

Tambaya: "Malam, na ji a rediyo ana cewa wata ƙasa mai suna Tuvalu tana gab da nutsewa a teku, kuma wai mutanenta duka ba su kai na unguwarmu yawa ba. Na duba taswira ban ma gan ta ba. Don Allah ta yaya mutane suka fara zuwa irin waɗannan wurare masu nisa tun babu jirgi mai inji, me ya sa kowane ɗan tsibiri ya zama ƙasa mai tutarta, kuma da gaske ne za su ɓace?"

Ɗan'uwa, tambayarka uku ce a ƙunshi ɗaya: yadda ɗan Adam ya isa tsibiran tekun Pasifik, dalilin da ya sa yankin ya rarrabu zuwa ƙananan ƙasashe, da kuma gaskiyar batun nutsewar wasunsu. Kafin in shiga cikinsu sai na gyara wani kallo da muke yi wa waɗannan ƙasashe, na ɗaukarsu 'yan ɗigo-ɗigon da suka ɓace a tsakiyar ruwa. Ba laifinka ba ne da ba ka ga Tuvalu ba. Taswirar bangon da muke ratayewa a ajujuwanmu tana sa Afirka da Turai a tsakiya, sai ta tsaga Pasifik gida biyu, rabi a gefen hagu, rabi a gefen dama, har ɗalibi ya gama sakandare bai san cewa teku ɗaya ne ba. Na daɗe ina koyar da labarin ƙasa, kuma duk shekarar da na zo kan wannan darasi nakan ajiye taswirar bango in ɗauko ta ƙwallo, in juya ta har tsibirin Tahiti ya fuskanci aji. Abin da yara ke gani shuɗi ne kusan daga wannan gefe zuwa wancan, kuma a nan ne surutu ke ɗaukewa. Faɗin Pasifik ya kai murabba'in kilomita miliyan 165, wato kusan sulusin doron duniya, kuma ya fi dukkan tudun duniya girma ko da an haɗa shi wuri guda.

A cikin wannan ruwa, in aka cire Ostireliya da Niyu Zilan, akwai ƙasashen tsibirai 12 masu kujera a Majalisar Ɗinkin Duniya, ga kuma yankunan da har yau suke hannun Faransa ko Amurka. Littattafai kan kasa su gida uku: Melanesiya, Mikronesiya da Polinesiya. Wani hafsan sojan ruwan Faransa, Dumont d'Urville, shi ya yaɗa wannan rabo a farkon shekarun 1830, kuma ma'anar Melanesiya ita ce tsibiran baƙar fata, abin da ke nuna maka cewa launin jiki ya duba. Ina amfani da rabon a aji saboda sauƙin haddacewa, amma nakan gargaɗi ɗalibai cewa Polinesiya ce kawai ta amsa sunan dangi ɗaya a harshe da al'ada. Wannan duba launi tsohon hali ne: a 1545 wani matuƙi ɗan Sifen ya ga mutanen babban tsibirin da ke arewa da Ostireliya sun yi masa kama da na gaɓar Gini ta Afirka ta Yamma, sai ya raɗa masa suna Sabuwar Gini, kuma sunan ya bi shi har yau.

Tsibiri ba iri ɗaya ba ne

Abin da ya fi rabon d'Urville amfani wajen fahimtar yankin shi ne bambanci tsakanin tsibiri mai tudu da tsibiri mai kwanciya. Papuwa Niyu Gini, alal misali, ba ƙaramar ƙasa ba ce ko kaɗan, don faɗinta ya kai rabin na Najeriya, dutsenta mafi tsawo ya haura mita 4,500, kuma ana magana da harsuna fiye da 800 a cikinta, saboda tsaunuka da kwaruruka sun raba al'ummu shekaru dubbai. Samowa, Tahiti, Hawai da manyan tsibiran Fiji su ma masu tudu ne, akasarinsu aman wutar duwatsu ne ya gina su, tsaunukansu suna tare gajimare, don haka suna da ƙoramu da ƙasar noma mai kyau.

Tuvalu, Kiribati da tsibiran Marshal wani abu ne daban. Su zobe ne na yashi da tsakuwar murjani, kewaye da tafki a tsakiya. Murjanin nan dangin wanda muka sani ne a wuyan mata, wasu ƙananan halittun ruwa ne ke gina shi, kuma irin da ke gina tsibiri ba ya rayuwa sai a ruwa mai ɗumi marar zurfi inda hasken rana ke kaiwa. Charles Darwin ya bayyana a 1842 cewa kowane zobe ya fara ne a matsayin dutse mai aman wuta wanda murjani ya kewaye gindinsa; dutsen yana nitsewa a hankali cikin miliyoyin shekaru, murjanin kuma yana ta gini sama don ya riƙe haske, har dutsen ya ɓace, zoben ya rage. An yi ta gardama a kan wannan bayani fiye da shekara ɗari, sai a 1952 aka haƙa rami a Enewetak cikin tsibiran Marshal, aka ratsa murjani fiye da mita 1,200 sannan aka tarar da dutsen aman wuta a ƙasa.

Tuvalu tsibirai tara ce, faɗinta duka murabba'in kilomita 26, mutanenta wajen 11,000, kuma wuri mafi tudu a cikinta bai kai mita biyar sama da teku ba. Babu kogi, babu ƙorama. Ruwan sha na sama ne, ko wanda aka tara a tanki, ko wanda ya nutse cikin yashi ya kwanta a saman ruwan gishiri saboda ya fi shi rashin nauyi, kamar yadda mai ke tasowa a saman miya. A kan wannan siririn ruwa ne ake haƙa ramuka a shuka wata irin gwaza ta fadama da suke kira pulaka, sauran abinci kuma kwakwa ce da kifi. Ka riƙe wannan a ranka, za mu komo kansa.

Yadda aka je

Zuwan ya kasu kashi biyu, kuma tsakaninsu akwai tazarar shekaru dubbai masu yawa. Na farko ya faru kimanin shekara 50,000 da suka wuce, lokacin da teku ta ja baya, Sabuwar Gini kuma tana haɗe da Ostireliya. Duk da haka sai da mutanen suka tsallake ruwa daga tsibiran Indunusiya, kuma wajen shekara 30,000 da suka wuce sun riga sun kai arewacin tsibiran Solomon. A nan suka tsaya, kuma dalilin a fili yake: har zuwa ƙarshen Solomon kusan ko'ina mutum yana hango tsibiri na gaba daga wanda yake kai, amma daga nan sai buɗaɗɗen ruwa na kilomita ɗaruruwa. Jikokin waɗannan mutane ba su zauna haka kawai ba. A fadamar Kuk da ke kan tsaunukan Papuwa Niyu Gini an gano alamun noman gwaza da ayaba na kimanin shekara 7,000, wanda ya sa wurin cikin 'yan wuraren da ɗan Adam ya ƙago noma da kansa, kuma raken da muke sha ma a wannan tsibiri aka fara noma shi.

Kashi na biyu shi ne na masu kwalekwalen nesa. Asalinsu Taiwan ne, suka gangaro ta Filifin da Indunusiya, kuma kimanin shekara 3,300 da suka wuce suka bayyana a tsibiran da ke arewa maso gabashin Sabuwar Gini, inda suka cuɗanya da mutanen da suka tarar. Masu tonon kufai suna gane sawunsu ta tsingaron tukwane masu zane na ɗigo-ɗigo, waɗanda ake kira Lapita, daga sunan wani wuri a Sabuwar Kaledoniya da aka tona a 1952. Cikin 'yan ƙarnuka kaɗan irin wannan tsingaro ya bayyana a Vanuatu, Fiji, Tonga da Samowa, wuraren da babu wanda ya taɓa takawa kafin su. Harshe ma yana ba da shaida. Kalmar biyar ita ce lima a Indunusiya, lima a Fiji, lima a Samowa da Hawai, rima a bakin Maori na Niyu Zilan, kuma dimy a Madagaska, domin wani reshe na wannan dangi ya nufi yamma har ya iso gaɓar Afirka, shi ya sa harshen Madagaska ya fi kusa da na tsibirin Borneo fiye da na maƙwabtanta.

Bayan sun isa Tonga da Samowa kimanin shekara 2,800 da suka wuce, sai tafiyar ta tsaya fiye da shekara dubu da rabi, kuma masana har yanzu suna jayayya a kan dalili, wasu na cewa sauyin iska ne, wasu na cewa jiran ingancin kwalekwale ne. Da ta sake tashi kuwa, sai ta tashi da gudu. Tsakanin wajen shekarar 1000 zuwa 1300 aka kai Tahiti, Hawai, Rapa Nui mai manyan gumakan dutse, da Niyu Zilan. Idan ka bi lissafin tarihin Kano, Sarki Gijimasu ya riga ya fara ginin ganuwa kafin mutum na farko ya sa ƙafa a Niyu Zilan. A nan ya kamata in faɗi iyakata: waɗannan shekaru suna motsawa duk lokacin da aka inganta hanyar auna shekarun gawayi da ƙasusuwa. Ni kaina na yi shekaru ina koya wa yara cewa an isa Hawai tun wajen shekarar 400, kamar yadda tsofaffin littattafai suka ce, kafin sabon awo ya matso da ita kusa, na dawo na gyara. Kuma ni malamin aji ne, ba matuƙi ba, don haka abin da zan faɗa game da tuƙi daga bakin masu sana'ar na samo shi.

An daɗe Turawa ba su yarda cewa da gangan aka yi waɗannan tafiye-tafiye ba. A 1947 wani ɗan Norwe, Thor Heyerdahl, ya hau gungumen itatuwa daga Peru ya bar iska da ruwa suka kai shi Polinesiya cikin kwana 101, don ya nuna cewa daga Kudancin Amurka mutanen suka fito. Wasu kuma suka ce masunta ne kawai da guguwa ta kwasa. Hujjoji uku ne suka rushe wannan zato. Masunci da ya ɓace ba ya tafiya da aladu, kaji, karnuka, dashen ayaba da gwaza, da mata da yara, amma duk waɗannan sun isa sababbin tsibiran. Na biyu, tafiyar ta nufi gabas ne, ita kuwa iskar yankin daga gabas ta saba busowa, kuma wannan dabara ce ta mai hankali: ka jira 'yan kwanakin da iska ta juya ka fita nema, in ba ka sami tudu ba, iskar da ta saba za ta mayar da kai gida da sauri kafin guzuri ya ƙare. Na uku kuma gwaji ne a aikace. A 1975 aka ƙera kwalekwale mai jiki biyu irin na da, aka sa masa suna Hokule'a, kuma a 1976 wani matuƙi daga ɗan tsibirin Satawal a Mikronesiya, Mau Piailug, ya kai shi daga Hawai zuwa Tahiti, tafiyar kusan kilomita 4,000, cikin wata guda, babu kamfas, babu taswira.

Ilimin da ya yi aiki da shi na haddace ne, daga kaka zuwa jika. Matuƙi ya san inda kowane tauraro ke fitowa da inda yake faɗuwa, in wannan ya yi sama ya saki, ya kama na bayansa da ke fitowa daga wuri ɗaya, haka har gari ya waye. Da rana ko cikin hadari yana bin kumburin teku, wato manyan igiyoyin da ke tahowa daga nesa ta fuska ɗaya kwana da kwanaki, kuma ƙwararru suna jin su ne a jikinsu ta yadda kwalekwalen ke rangaji. Idan an kusa tudu, akwai tsuntsayen da ke fita kamun kifi da safe su koma gida da yamma, akwai gajimaren da ke tsayawa cak a saman tsibiri, har cikinsa kan ɗauki kore-koren tafkin da ke ƙasa. Da waɗannan alamu, ɗan tsibirin da bai fi kilomita biyar ba yakan zama abin da ake iya ganowa daga kilomita hamsin. Idan ɗalibai suka nuna shakka, nakan tuna musu madugun ayarin gishiri da ke ratsa Tenere daga Agadas zuwa Bilma, wanda shi ma taurari da yanayin rairayi yake karantawa, kuma kuskuren 'yar tazara na nufin a wuce rijiya. Ga madugu, sahara hanya ce mai zanguna. Haka teku take ga mutanen nan.

Heyerdahl bai rasa gaskiya gaba ɗaya ba. Dankali, wanda muke ce wa dankalin Hausa, asalinsa Kudancin Amurka ne, amma an same shi a Polinesiya ƙarnuka kafin Kolumbus, kuma sunansa a can, kumara, ya yi kama da sunansa a yankin tsaunukan Andes. Haɗuwa dai an yi ta, kuma ganin su waye ke da kwalekwalen nesa a wancan zamani, na fi karkata ga cewa 'yan Polinesiya ne suka je suka komo da shi.

Wa ya ja iyakokin

Magellan ya ratsa tekun a 1521, kuma shi ya sa masa suna mai ma'anar natsattse saboda ya dace da lokacin lafawar iska. A 1568 wani ɗan Sifen ya isa wasu tsibirai da aka yi zaton a nan ne ma'adinan zinariyar Annabi Sulaimanu suke, shi ne asalin sunan Solomon. Kyaftin Cook na Ingila ya yi tafiya uku tsakanin 1768 da 1779, kuma a ta farkon ya ɗauki wani malami kuma matuƙi daga kusa da Tahiti mai suna Tupaia, wanda ya zana masa taswirar tsibirai da dama da Turawa ba su taɓa jin labarinsu ba. Bayan waɗannan sai masu farautar manyan kifaye, 'yan kasuwa da 'yan mishan suka biyo, kuma tare da su cututtukan da jikin mutanen bai saba da su ba. Ƙyanda ta kashe wajen rubu'in mutanen Fiji a 1875, murar 1918 kuma ta kashe kimanin ɗaya cikin biyar na mutanen Samowa ta Yamma cikin 'yan makonni. An kuma yi safarar mutane: jiragen Peru sun kwashi jama'a daga Rapa Nui da Tuvalu a 1862 da 1863, sannan aka kai wajen mutum 60,000 daga Vanuatu da Solomon gonakin rake na Ostireliya, wasu da yaudara, wasu da ƙarfin tsiya.

Rabon yankin ya zo lokaci ɗaya da namu, kuma hannuwan da suka yanka su ne suka yanka mu. A 1884, shekarar da aka buɗe taron Berlin, Jamus da Birtaniya suka raba gabashin Sabuwar Gini. A 1899 Jamus da Amurka suka raba Samowa, shi ya sa har yau akwai Samowa biyu, dangi ɗaya, harshe ɗaya. An kifar da Sarauniya Liliuokalani ta Hawai a 1893, Amurka ta haɗiye ƙasar a 1898. Tonga ce kaɗai ta tsira da sarautarta, don Sarki Tupou na Ɗaya ya haɗe ƙasar ya kafa tsarin mulki a 1875, kuma ko da ta shiga kariyar Birtaniya a 1900 ba a sauke sarkinta ba. Labarin Fiji zai yi maka kama da na gida. Bayan da sarakunanta suka miƙa ta ga Birtaniya a 1874, Gwamna Arthur Gordon ya yi mulki ta hannun sarakunan gargajiya ya kuma hana sayar da ƙasar gado, shekaru fiye da ashirin kafin Lugga ya yi irin haka a Arewa. Amma da yake ya hana 'yan ƙasa aikin gonakin Turawa, sai aka kawo 'yan ƙwadago fiye da 60,000 daga Indiya tsakanin 1879 da 1916. Jikokinsu, waɗanda a cikinsu ne akasarin Musulmin Fiji suke, sun zama kusan rabin al'umma, kuma takaddamar wa ke da ƙasa, wa ke da mulki, ita ce ta haifar da juyin mulkin 1987 da waɗanda suka biyo baya.

Yanzu ga amsar tambayarka ta biyu. Yawancin ƙasashen sun gaji iyakar da mai mulkin mallaka ya bari ne, tun daga Samowa da ta fara samun 'yanci a 1962 har zuwa Palau a 1994. A wasu wuraren kuma da Bature ya haɗa mutanen da ba dangi ba, sai suka rabu kafin ya tafi. Tuvalu misali ce. Birtaniya ta haɗa ta da tsibiran Gilbert a mulki ɗaya, alhali mutanen Tuvalu 'yan Polinesiya ne, na Gilbert kuma 'yan Mikronesiya, kuma na Gilbert ɗin ne suka fi yawa nesa ba kusa ba. Tsoron zama saniyar ware ya sa mutanen Tuvalu suka zaɓi rabuwa a ƙuri'ar raba-gardama ta 1974, suka sami 'yanci ranar 1 ga Oktoba, 1978, rana ɗaya da bikin Najeriya. Gilbert ta bi baya a 1979 da sunan Kiribati, wanda ake furtawa Kiribas, kuma ba komai ba ne illa Gilberts a bakin mutanen wurin.

Abin da ya sa irin wannan ƙanƙanta ba ta zama wasa ba shi ne dokar teku ta 1982, wadda ta ba kowace ƙasa ikon arzikin ruwan da ke kewaye da ita har mil 200 na teku, wato kilomita 370. Tudun Kiribati murabba'in kilomita 811 ne kacal, amma ruwanta ya kai miliyan 3.4, ya ninka Najeriya fiye da sau uku. Tsananin faɗinta ya sa layin da ke raba kwanan wata ya ratsa ta tsakiya, ana Litinin a yamma ana Lahadi a gabas, har sai da gwamnati ta karkatar da layin a 1995 don ma'aikatanta su yi mako ɗaya. Fiye da rabin kifin tuna da duniya ke kamawa daga yammaci da tsakiyar Pasifik yake fitowa, kuma tun da ƙasashe takwas suka haɗa kai suna sayar wa jiragen waje izinin kamun kifi da lissafin kwana, kuɗin ya zama ginshiƙin kasafin Kiribati da Tuvalu. Tuvalu tana kuma samun kuɗi daga haruffan .tv da suka faɗo mata a rabon adireshin intanet. Ga kuma ƙuri'a a Majalisar Ɗinkin Duniya, wadda ta sa China da Taiwan ke zawarcinsu. Masanin nan ɗan asalin Tonga, Epeli Hau'ofa, ya yi jayayya a 1993 cewa kallon tudu kaɗai ne ke sa a ce musu ƙanana, alhali kakanninsu teku suka ɗauka gida. Na yarda da shi, sai dai faɗin ruwa ba ya rage tsadar kai magani ko malami zuwa tsibirin da jirgi ke zuwa sau ɗaya a wata.

Nisa bai kare su ba

Nauru, mai faɗin murabba'in kilomita 21, murjani ce da ta ɗago sama, kuma a 1900 aka gane cewa tsakiyarta fosfet ne, sinadarin takin zamani. Ostireliya, Niyu Zilan da Birtaniya suka yi ta kwasa a farashi mai rahusa don gonakinsu. Bayan 'yancin 1968 'yan ƙasar suka karɓi haƙar, kuma a shekarun 1970 suna cikin mafi arziki a duniya in aka raba da yawan mutane. Kuɗin ya salwanta a munanan jari da almubazzaranci, fosfet ya ƙare, kusan kashi 80 cikin ɗari na tsibirin ya zama tsinin duwatsu da ba a noma ba a gini. Ƙarar da ta kai Ostireliya a kotun duniya ta ƙare da sulhu a 1993, amma daga 2001 ƙasar ta koma karɓar kuɗi don tsare masu neman mafakar da Ostireliya ba ta so.

Nisan nan kuma shi ya jawo musu bama-bamai. Amurka ta yi gwajin nukiliya 67 a Bikini da Enewetak tsakanin 1946 da 1958, kuma na ranar 1 ga Maris, 1954 ya zubar da toka mai guba a kan mutanen Rongelap. Ramin da ya gaskata Darwin ma a cikin shirye-shiryen waɗannan gwaje-gwaje aka haƙa shi. Faransa ta fara nata ne a saharar Aljeriya a 1960, abin da ya sa Najeriya ta kori jakadanta a farkon 1961; da Aljeriya ta sami 'yanci sai aka kwashe aikin zuwa Moruroa da Fangataufa a Polinesiya, inda aka yi gwaji 193 daga 1966 zuwa 1996.

Batun nutsewa

Teku tana tashi, wannan babu gardama, amma hoton tsibiri yana nutsewa kamar kwano a rijiya bai dace da abin da ake gani ba. Ƙasashe masu tudu irin su Fiji da Samowa ba za su ɓace ba, ko da yake garuruwansu na gaɓa suna cikin haɗari, kuma Fiji ta riga ta fara tayar da wasu ƙauyuka zuwa tudu. Zobunan murjani ne abin damuwa, su ma ba a tsaye suke ba, don igiyar ruwa tana ɗebe yashi a nan ta jibge a can. Wani bincike na jami'ar Auckland da aka wallafa a 2018 ya kwatanta hotunan sama na 1971 zuwa 2014 ya tarar cewa tudun Tuvalu ya ƙaru da kusan kashi 3 cikin ɗari. Masu musun sauyin yanayi sun yi ta yawo da wannan sakamako, amma tsakuwar da igiya ta tara ba gona ba ce. Ka tuna da siririn ruwan daɗin nan da ke kwance a kan na gishiri. Idan teku ta ɗago, a lokacin babbar cika ruwan gishiri yana ɓuɓɓugowa ta ƙarƙashin ƙasa a Funafuti, babban birnin ƙasar, ya shiga ramukan pulaka ya kashe su, ya lalata rijiyoyi, kuma fari kaɗan ya isa ya jefa ƙasar cikin dokar ta-ɓaci, kamar yadda ya faru a 2011. Wuri yana iya gagarar zama tun da sauran shekaru kafin ruwa ya rufe shi, kuma a ganina wannan ne haɗarin gaske.

Zaɓin da ke gabansu uku ne, kuma suna bin duka ukun lokaci guda. Ana ɗebo yashi daga tafki ana ɗaga sabon fili a Funafuti, aiki mai tsada da ba za a iya yi wa kowane tsibiri ba. Ana buɗe ƙofar ƙaura: Kiribati ta sayi fili a Fiji a 2014 zamanin Shugaba Anote Tong, Tuvalu kuma ta ƙulla yarjejeniya da Ostireliya a 2023 wadda ke ba mutum 280 damar komawa can kowace shekara, adadin da in ka yi lissafi zai iya kwashe ƙasar cikin shekara arba'in. Sun san ɗacin ƙaura, domin mutanen Banaba da fosfet ya cinye musu tsibiri an kai su Rabi a Fiji tun 1945, kuma jikokinsu har yau Banaba suke kira gida. Na uku shi ne shari'a: a 2021 ƙungiyar ƙasashen yankin ta ayyana cewa iyakokin ruwansu ba za su ragu ba ko da gaɓa ta ja baya, Tuvalu kuma ta rubuta a tsarin mulkinta a 2023 cewa ƙasa ce har abada ko da tudunta ya tafi. Wannan ne ya sa nake ce wa ɗalibai tuta da kujerar Majalisa za su iya fin yashin daɗewa.

In kana son ganinta, nemi taswirar ƙwallo ko ta waya, ka sami Fiji a gabas da Ostireliya, ka haura arewa kimanin kilomita 1,000, dab da layin digiri 180, ɗan kudu da ikwaita. Sai ka yi ta faɗaɗa hoton kafin siririn zoben Funafuti ya bayyana, kuma abu na farko da za ka lura da shi shi ne filin jirgin da sojojin Amurka suka gina a Yaƙin Duniya na Biyu, wanda ya cinye wuri mafi faɗi a tsibirin, inda yara ke buga ƙwallo da yamma idan babu jirgin da zai sauka.